Sunan Ajuji da 'Yan'uwansa

Wanda ya zaga ƙauyukan da ke tsakanin Kankiya da Kusada, irin su Boko da Mawashi, ya kasa kunne ga yadda a ke kiran tsofaffin mata, zai ji waɗansu sunaye waɗanda da wuya ya same su a rajistar makarantar firamare. Zai ji Ajuji, da Ayashe, da Abarta, da Barmani, da Baiwa. Baƙon da ya koyi Hausa daga littafi ya kan yi turus in an fassara masa na farkon, domin juji shi ne inda a ke zubar da shara da toka da kashin dabbobi, ya rasa dalilin da zai sa uwa ta yarda a riƙa kiran 'yarta da shi. Nufin wannan takarda shi ne ta bayyana ginin wannan suna da al'adar da ta haife shi, sa'an nan ta gwada shi da wani sunan mace na ƙasar Japan wanda ya bi hanya kusan iri ɗaya.

Da farko dai a sani, a gidan Musulmi Ajuji ba sunan yanka ba ne. Sunan yanka shi ne wanda uba ya ke yi wa jaririya huɗuba da shi, a bayyana shi ran kwana bakwai sa'ad da a ke yanka rago, kuma kusan kullum daga Larabci ya ke fitowa, kamar A'ishatu ko Hadizatu ko Sa'adatu. Bayan wannan akwai laƙabi, wanda galibi kakanni mata da ungozoma ke bayarwa. Wani laƙabin na rana ne, kamar Ladi da Talatu da Jummai. Wani na jerin haihuwa ne, kamar Kande ko Delu ga macen da ta biyo maza, da Auta ga ta ƙarshe. Wani kuwa alkunya ce, domin an sa wa yarinya sunan surukar uwarta, ba ta kuwa iya faɗarsa. Sau da yawa laƙabi ya kan danne sunan yanka har a manta da shi. Shahararriyar mawaƙiyar amada ta Funtuwa wadda ta rasu a 2013 Sa'adatu ce sunanta, amma Barmani Coge duniya ta sani.

Ajuji na cikin wani rukuni dabam, watau sunayen 'ya'yan wabi. A kan ce mace tana wabi idan tana haihuwa 'ya'yan suna mutuwa ɗaya bayan ɗaya tun ba a yaye su ba, ko jim kaɗan bayan yaye. Da kalmar nan a ke kwatanta itacen da ke kakkaɓe 'ya'yansa tun ba su nuna ba. A tsohon imanin Hausawa, wanda ya fi daɗewa a wajen Maguzawan ƙasar Katsina da ta Kano, ba a ɗaukar irin wannan mutuwa a kan ciwo kawai. Waɗansu su ce iska ce ta sa wa matar ido, waɗansu su ce maye ne, waɗansu kuma su ce ɗa ɗaya ne ya ke zuwa yana komawa. Ko wanne ne daga ciki, maganin da tsofaffi suka sani ɗaya ne: a nuna wa mai ɗauka cewa abin da aka haifa ba shi da wata daraja a gidan. Saboda haka a kan ɗauki jaririya a kai ta juji a ajiye, kamar an zubar, sa'an nan wata tsohuwa ta je ta ɗauko ta kamar tsintuwa. A waɗansu gidajen a kan yi kamar an sayar da ita an fanso, shi ne asalin Baiwa ga mace da Bawa ga namiji. Uwa ba ta yi mata ado, ba ta yabonta gaban mutane, a kan ma aske mata ɓari ɗaya na kai a bar ɓari ɗaya don ta munana a ido.

To, a nan ne nahawu ya ke da abin faɗi. Sunayen yanka kalmomi ne guda guda, amma sunayen wabi yawancinsu guntayen jimloli ne waɗanda aka dunƙule. Ajuji, Ayashe da Abarta duk da "a" suka fara, mai gajeren wasali da karin sauti na ƙasa, har kunne ba ya rarrabe su, alhali kuwa "a" biyu ne. Ta cikin Ajuji ita ce mai nuna wuri, irin ta "a gida" da "a kasuwa", watau sunan saura ne na magana kamar "a juji aka tsince ta". Ta cikin Ayashe da Abarta kuwa wakilin suna ce wadda ba ta ambaton mai aiki, irin ta "a tafi" da "a zauna". Saboda haka Ajuji labari ne na abin da an riga an yi, sauran biyun kuwa umarni ne ko roƙo.

Ayashe kuma yana da wata alama da ta cancanci a lura da ita. Aikatau ɗin nan na jefarwa ya kan fito da siffar "yar da" ko "yasar da" in suna ya biyo shi, a ce an yar da tsumma, amma in wakilin suna ne ya biyo sai ya koma "yashe", a ce an yashe shi, an yashe ta. Ke nan siffar da ke cikin Ayashe tana jiran wakilin suna, amma an datse shi, shi ya sa sunan ya ke hawa kan mace da namiji. Abarta bai datse nasa ba, don haka ya rabu biyu, Abarta da Abarshi. Barmani kuwa ya taho da shaidar ƙasarsa, gama "mani" ta Katsinanci ce da sauran Hausar yamma, Bakano "mini" zai ce. Ga mai nazarin karin harshe wannan ba ƙaramin abu ba ne a yanki irin na Kusada, wanda ke bakin iyakar Katsina da Kano.

Amma tambayar da ta fi wuya ita ce, da wa a ke magana? In an ce "a bar ta", ana iya nufin mutanen gida su ƙyale yarinyar, kada kowa ya kula da ita. Ana kuma iya nufin mutuwa ta ƙyale ta, ta rayu. Kalmomin ba su zaɓi ɗaya ba, kuma ga alama da gangan ne. Ma'anar farko an yi ta don kunnen mai ɗauka, ta biyun ita ce abin da ke zuciyar uwa. A Barmani ɓoyon ya kare, roƙo ne tsantsa na wadda ta gaji da binnewa. Idan aka jera su daga Ajuji zuwa Ayashe, zuwa Abarta, zuwa Barmani, sai a ga wulakancin yana raguwa roƙon yana fitowa fili, amma buƙatar ba ta sake ba. Wanda ya fassara Ajuji da "abin ƙyama" ya fassara dabarar ne, ya bar nufin.

Akwai masu ƙoƙarin gyara wa sunan fuska, su ce ai juji wurin albarka ne, tun da daga nan manomi ke kwasar taki a mangala kafin damina, kuma kabewar da ta fito a kansa ta fi ta gona ƙiba. Maganar tana da daɗi, gaskiya ce kuma game da noma, sai dai ba ita ce hujjar tsofaffi ba. Da albarkar juji suka nufa, da ba su haɗa da askin ɓari ɗaya da hana ado ba.

Wannan dabara ba ta Hausawa kaɗai ba ce. Yarbawa suna kiran irin waɗannan yara abiku, su sa musu sunaye kamar Malomo, watau kada ka sake tafiya, da Kokumo, watau ba zai ƙara mutuwa ba. Ibo kuwa ogbanje su ke cewa. Ana iya cewa maƙwabtaka ce ta kawo wannan kama. Abin da maƙwabtaka ba ta iya bayyanawa shi ne samun al'adar a Japan, ƙasar da ba ta taɓa cuɗanya da ƙasar Hausa ba a zamanin da a ke magana. Mutanen Japan na dā sun yi imani cewa yaron da aka yar aka tsinta ya fi rayuwa, saboda haka su kan sa wa yara, maza da mata, suna Sute, daga aikatau mai ma'anar jefarwa. Toyotomi Hideyoshi, wanda ya mallaki Japan a ƙarshen ƙarni na 16, ya daɗe bai sami magaji ba. Da aka haifa masa ɗa a 1589 sai ya kira shi Sute. Yaron ya rasu a 1591. Da aka haifi na biyu a 1593, sai aka yi kamar an yar da shi, wani bafade ya ɗauko, aka kira shi Hiroi, watau tsintuwa. Shi ne ya girma ya zama Hideyori. Tsohuwar Kankiya da za a ba ta wannan labari ba za ta nemi ƙarin bayani ba.

Sunan macen da ya fi shahara da wannan kalma shi ne Sutematsu. An haife ta a 1860 a yankin Aizu, Sakiko ne kuma sunanta na fari. A 1871 gwamnatin Japan ta tura 'yan mata biyar karatu Amurka, tana cikinsu, tana da shekara goma sha ɗaya, za ta kuwa yi shekara goma ba ta ga gida ba. Kafin ta tashi sai uwarta ta sake mata suna. Ita ba 'yar wabi ba ce, tafiya ce za ta raba su, ba mutuwa ba. Amma ginin sunan shi ne abin dubawa. Jafanawa suna rubuta sunayensu da haruffan Sin, waɗanda kowane ɗaya ke ɗauke da ma'ana ban da sauti, don haka sauti ɗaya ya kan sami rubutu iri iri. Kashin farko na sunan, "sute", jefarwa ne. Na biyun, "matsu", an rubuta shi da harafin wani itace mai ganye kamar allura wanda ba ya kaɗewa da sanyi, amma a kunne daidai ya ke da aikatau mai ma'anar jira. Ido ya karanta itace, kunne ya ji uwa tana cewa ta yar da 'yarta, tana kuma jiranta. Sutematsu ta gama kwalejin Vassar a 1882 ta koma gida, ta auri Oyama Iwao, ɗaya daga manyan hafsoshin ƙasar, ta taimaki Tsuda Umeko, abokiyar tafiyarta, wajen kafa makarantar mata a 1900, ta rasu a 1919.

Bambancin harsunan biyu a nan ya ke. Bajafane yana da wuri biyu na ajiye ma'ana, rubutu da sauti, sai ya ɓoye ɗaya a bayan ɗaya. Bahaushe kuwa, ko da boko ya rubuta ko da ajami, sauti kawai ya ke kamawa, kuma sunayen nan ma a baki aka ƙirƙire su, a tsakanin matan da ba su yi rubutu ba. Saboda haka ya ajiye ma'anarsa ta biyu a cikin nahawu, a wakilin sunan da ba ya faɗin mai aiki, da aikatau "bari" mai fuska biyu.

Yau sunayen wabi suna ja da baya, dalilan kuwa sanannu ne. Malamai sun daɗe suna ƙyamarsu, suna kafa hujja da cewa Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya kan sauya mummunan suna da kyakkyawa, kamar yadda ya mai da sunan wata 'yar Sayyidina Umar daga mai ma'anar saɓo zuwa Jamila; suna kuma ganin kai jariri juji don a ruɗi iska ya saɓa wa tawakkali. Ban da wannan, an gano da yawa daga abubuwan da ke kashe yaran. Zazzaɓin cizon sauro, da ƙyanda, da ciwon sandarewa mai shiga ta cibiya in an yanke ta da aska mai datti, duk suna da rigakafi ko magani. Akwai kuma amosanin jini, wanda a ke kira sikila, shi ne ya fi kama da abin da tsofaffi ke kwatantawa, domin gado ne, yana bin ma'aurata ɗaya. Likita James Herrick ya bayyana shi a 1910, Linus Pauling da abokan aikinsa suka nuna a 1949 cewa daga sinadarin jan jini matsalar ta ke. Idan miji da mata kowanne na ɗauke da rabin gadon, watau AS, to, kowane ciki yana da kashi ɗaya cikin huɗu na fitowa da cikakken ciwon. Kusan mutum ɗaya cikin huɗu a Nijeriya yana ɗauke da wannan rabin. Ba a cewa kowace mai wabi wannan ne ya same ta, amma a gidan da a ke samun Ajuji da Barmani a ɗaki ɗaya, gwajin jini kafin aure ya fi zama wajibi. Jihar Kano ta mai da irin wannan gwaji doka a 2024.

Malamin makaranta ya kan gamu da sunan ta wata fuska. Uba ya kawo yarinya ya rubuta ta Hadiza, ran nan kaka ta zo ƙofar aji tana neman Ajuji, yara su fashe da dariya, yarinyar ta sunkuyar da kai. Malamin da bai san asalin sunan ba ya kan bi yaran, ko ya tsawata wa tsohuwar. Wanda ya sani kuwa ya fahimci cewa akwai yayye biyu ko uku a ƙasa kafin wannan, kuma ita ce aka yi wa dabara ta tsaya. Idan har za a rubuta shi, a rajista ko a littafi, kalma ɗaya ce da babban baƙi a farko, Ajuji, ba "A juji" ba, haka kuma Ayashe da Abarta, domin tun ranar da aka kira mutum da su suka daina zama jimla.