Mai zaman sulhu a madadin malamai: mene ne aikinsa?

'Yan uwa ɗalibai, duk sa'ad da aka ce malamai sun tafi yajin aiki, mu ne ke tattara kaya mu koma gida. Shi ya sa na ga ya kamata mu san mutumin da ke zama da gwamnati a madadinsu, tun da abin da ya samo a teburin ne ke yanke ranar da za mu dawo aji.

Da farko dai, ba shi da ikon sa hannu da ra'ayin kansa. A ƙungiyoyi irin su ASUP, ta malaman kwalejojin kimiyya da fasaha, ko ASUU ta jami'o'i, rassa ne ke zama su fitar da buƙatu, majalisar zartarwa ta ƙasa ta tace su, sannan a ba shi. Idan gwamnati ta yi tayi, dole ya koma ya ji ta bakin mambobi. Wannan kai-komo ne ke sa mu ga kamar ana jan ƙafa.

Gabansa kuma ba mutum ɗaya ba ne. Akwai ma'aikatar ilimi, da ta kuɗi, da hukumar albashi, ga ministan ƙwadago a matsayin mai shiga tsakani. In an kasa daidaitawa, magana na iya kaiwa kotun ma'aikata. Dokar rikicin ƙwadago kuma ta ba da damar hana albashin kwanakin yajin aiki, abin da ake kira "ba aiki, ba biya". Kun ga ke nan shi ma yana zaman ne da yunwar mambobinsa a kansa.

Misalin da na fi so shi ne na Farfesa Attahiru Jega, wanda ya shugabanci ASUU daga 1988 zuwa 1994, yana malami a Jami'ar Bayero ta Kano. Gwamnatin Janar Babangida ta haramta ƙungiyar a 1988, ta sake haramta ta a 1992, amma duk da haka sai da aka cimma yarjejeniya a 1992 ɗin. Da ake cewa babu kuɗi, malaman ba su tsaya ga kuka ba, sai suka nuna inda za a samo: kamfanoni su riƙa biyan harajin ilimi. A 1993 aka yi dokar da ta sa kashi 2 cikin 100 na ribarsu. Asusun nan ne ya zama TETFund a 2011, kuma kwalejoji irin tamu na da nasu kaso a ciki. Ai kuna ganin sunan a jikin gine-gine.

To, amma abin ba banza ba ne. Yajin aikin ASUU na 2022 ya cinye wata takwas, kuma ɗalibai ne suka biya da shekarunsu. A ganina, gwanin sulhu shi ne wanda ya san lissafin kasafin kuɗi, ya iya haƙuri, ya kuma san lokacin da ya kamata a karɓi abin da ya samu.

Saboda haka in an fara barazanar yaji, kada mu tsaya ga zagi. Mu tambaya: me aka sa wa hannu, yaushe, kuma wa ya saɓa? Ƙungiyarmu ma za ta amfana da wannan darasi ranar da za ta zauna da hukumar makaranta kan kuɗin rajista.