Alƙalin Kokawa Ne Ya Dace Ya Riƙe Kyamara

A filin kokawa ana yi wa ɗan wasa kirari, ana yi wa makaɗi liƙi, amma da wuya a tuna da alƙali sai in an zarge shi da son kai. Alhali shi ne ya fi kowa kusa da kaye. Ya san lokacin da gwiwa ta taɓa ƙasa, ya san kamun da ya halatta da wanda ya haramta, ya san gidan da kowane ɗan kokawa ya fito. Saboda haka idan ƙarfi ya ja baya ya ajiye usur, aikin da ya fi dacewa da shi shi ne shirya fim ɗin tarihin wasan.

Bukatar ta fi tsanani a ƙasar Birnin Gwari. Kokawa wasan kaka ce, tana son amfanin gona a rumbu da hanya lafiya. Shekarun da 'yan bindiga suka mamaye dajin Kamuku sun tashi ƙauyuka, sun watsa jama'ar da ke cika fili. Sulhun da aka yi da su a ƙarshen 2024, wanda ya sa Gwamna Uba Sani ya sake buɗe kasuwar shanu ta garin, ya dawo da ciniki, amma bai dawo da abin da ya tafi da dattawan da suka rasu ba. A Nijar, gasar Takobin Ƙasa da aka fara a Tawa a 1975, wadda Kantu na Maraɗi ya lashe, tana da hukuma da talabijin masu adana tarihinta. Kokawar ƙauyukanmu kuwa a bakin mutane kawai take.

Wani zai ce ai YouTube cike yake da bidiyon dambe da kokawa. Gaskiya ne, sai dai yawancinsu kaye suke nunawa, ba sa faɗin wa ya koyar da wa, ko yadda doka ta sauya. Wani zai ce alƙali bai iya kyamara ba. Kano da Kaduna cike suke da masu ɗauka da tace hoto da za su dafa masa. Sanin abin da ya cancanci ɗauka ne ke cin shekaru. Sukar da ta fi nauyi ita ce mai hannu a shari'a zai iya ɓoye kurensa. A Montiriyal a 1997, alƙali Earl Hebner ya sa aka kaɗa ƙararrawar kayar da ɗan kokawa Bret Hart alhali bai miƙa wuya ba, kuma fim ɗin Paul Jay na 1998 ya nuna abin da ya gudana a bayan fage. Darasin shi ne a ji kowane ɓangare: alƙali ya ja ragama, amma wanda aka kayar da makaɗi da 'yan kallo su faɗi nasu.

Masarautar Birnin Gwari da ƙaramar hukuma za su iya farawa da abu mai sauƙi: a nemo tsofaffin alƙalai da 'yan kokawa, a naɗi bayaninsu tun suna raye.