Cocin Al-Mu'allaƙa na Tsohuwar Alƙahira: Tarihinsa da Tsarin Gininsa

Tsakure

Wannan maƙala ta yi bayani a kan cocin Al-Mu'allaƙa, ɗaya daga cikin tsofaffin majami'un Ƙibɗawa mabiya ɗariƙar Otodoks a birnin Alƙahira na ƙasar Masar. An bi diddigin wurin da aka gina shi, da matsayin da ya riƙe a tarihin Cocin Ƙibɗawa, sannan aka fayyace fasalin gininsa daga matakala zuwa haikali. Maƙalar ta nuna cewa mafi yawan abin da ido ke gani a cocin a yau an yi shi ne bayan zuwan Musulunci Masar, kuma da irin fasahar da aka ƙawata masallatan birnin da ita.

1.0 Gabatarwa

Akasarin mutanen ƙasar Hausa sun fara sanin ginin coci ne ta hannun Turawan mishan, don haka ba abin mamaki ba ne a riƙa ɗaukarsa a matsayin gini irin na Turai. Sai dai a arewa maso gabashin Afirka akwai majami'un da suka girmi mulkin mallaka da sama da shekara dubu. Ƙibɗawa, wato Kiristocin asali na Masar, waɗanda mai karatu ya san sunansu daga laƙabin Mariyatul Ƙibɗiyya, suna danganta kafuwar cocinsu ga Markus, marubucin ɗaya daga cikin littattafan Linjila huɗu. Bayan taron malaman Kirista da aka yi a Kalsidon a shekarar 451, sun raba gari da cocin Rum da na Kustantiniyya a kan yadda za a bayyana ɗabi'ar Almasihu. Tun daga nan suka kasance cikin rukunin Otodoks na Gabas, tare da cocin Habasha da na Armeniya da na Suryaniyawa.

Cocin da wannan maƙala ta ɗauka an keɓe shi ne da sunan Maryamu, amma laƙabinsa na Larabci, Al-Mu'allaƙa, wato "wadda aka rataye", shi ne ya fi shahara.

2.0 Wurin da Aka Gina Shi

Cocin yana cikin unguwar da ake kira Tsohuwar Alƙahira, a harabar ganuwar Rumawa mai suna Babila, wadda Larabawa suka kira Ƙasarus Sham'i. Wannan Babila daban take da Babila ta Iraƙi. Sarkin Rum Diyokletiyan ne ya gina ganuwar a fasalin da ragowarta ke nunawa, wajen shekarar 300, domin tsaron mashigar kogin Nilu da bakin magudanar da ta haɗa kogin da Bahar Maliya. A wancan zamani ruwan Nilu yana gudana ne a gindin ganuwar, kafin daga baya ya ja zuwa yamma.

A kudancin ganuwar akwai wata ƙofa da ke tsakanin manyan hasumiyoyi biyu, wadda ake shiga ta ita daga bakin ruwa. A saman wannan ƙofa aka ɗora cocin. An gitta gungumen dabino tsakanin hasumiyoyin, kamar yadda maginin Hausa ke jera azara, aka shimfiɗa duwatsu a kai, ya zama daɓen ginin. Ke nan tsakiyar cocin ba ta zauna a ƙasa ba, a kan sararin ƙofa take, kuma daga nan laƙabin ya samo asali. A yau ƙasar unguwar ta taso da kimanin mita 6 saboda taruwar ɓaraguzai na ƙarnoni, don haka ratayar ba ta fitowa sosai daga waje. An bar wata kafa da aka rufe da gilashi a daɓen domin mai ziyara ya leƙa ya ga zurfin da ke ƙarƙashinsa.

A shekarar 641 ganuwar ta faɗa hannun rundunar Amru ɗan Asi bayan an yi mata ƙawanya ta watanni. A gefenta ya kafa garin Fusɗaɗ da masallacin da har yanzu ake kira da sunansa. Tafiya kaɗan ce a ƙafa tsakanin wannan masallaci da cocin, kuma a cikin harabar ganuwar akwai cocin Abu Sarga da wurin ibadar Yahudawa na Ben Ezra.

3.0 Tarihin Cocin

3.1 Shaidun Farko

Al'adar Ƙibɗawa tana kai asalin cocin zuwa ƙarni na 3 ko na 4. Shaidar da za a iya taɓawa da hannu kuwa ita ce wani dogon katako da aka sassaƙa domin saman ƙofa, mai ɗauke da hoton shigar Almasihu Urushalima da rubutun Girkanci da ya yi daidai da shekarar 735. Yana ajiye a Gidan Tarihin Ƙibɗawa da Markus Simaika ya kafa a 1908, daf da cocin. Wannan kwanan wata yana da muhimmanci, domin ya nuna ana yi wa cocin sabon aiki kusan shekara ɗari bayan Masar ta shiga ƙarƙashin mulkin Musulmi. A rubuce kuma, an fara ambaton cocin a tarihin rayuwar Batrik Yusab na Ɗaya, wanda ya shugabanci Ƙibɗawa daga 831 zuwa 849. Batrik shi ne laƙabin babban shugaban cocin.

3.2 Zamanin Faɗimiyyawa

Faɗimiyyawa sun kafa birnin Alƙahira a 969. A zamaninsu ne Batrik Abraham, mutumin Sham, wanda ya yi shugabanci daga 975 zuwa 978, ya sami izinin sabunta cocin. Ƙibɗawa suna haɗa wannan izini da wani labari da suke bayarwa, cewa a gaban Halifa Al-Mu'izzu aka yi addu'a har dutsen Muƙaɗɗam ya motsa. Domin tunawa da wannan ne suka ƙara kwana 3 a kan azumin da suke yi kafin bikin haihuwar Almasihu.

Ba kullum zama ya yi daɗi ba. Halifa Al-Hakim, wanda ya yi mulki daga 996 zuwa 1021, ya ba da umarnin rushe majami'u da dama. Duk da haka, a zamanin Batrik Kiristodulos, daga 1047 zuwa 1077, aka ɗauke kujerar shugabancin cocin daga Iskandariyya zuwa Alƙahira, Al-Mu'allaƙa ya zama mazauninta. Dalilin a fili yake: shugaban da ke magana da yawun al'ummarsa a gaban hukuma dole ne ya zauna kusa da fada. Daga nan har zuwa wajen shekarar 1300, a wannan coci aka naɗa shugabanni da dama, aka yi tarukan malamai, aka kuma tsarkake man shafawa na ibada. Bayan haka kujerar ta koma wani coci a unguwar Zuwaila. A yau tana babban cocin Markus da ke Abbasiyya, wanda aka buɗe a 1968.

4.0 Tsarin Ginin

4.1 Mashiga

Daga titi ana shiga wata siririyar farfajiya, sannan a hau matakala 29. Saboda su ne matafiyan Turai na da suka kira shi cocin matakala. Fuskar ginin mai hasumiyoyin ƙararrawa biyu aikin ƙarni na 19 ce, wato tana cikin sassa mafi ƙuruciya a ginin duk da ita ce ake fara gani. Bayanta akwai wata ƙaramar farfajiya da baranda kafin a kai ƙofar ciki.

4.2 Babban Zaure

Cikin cocin ya bi tsarin basilika, wato dogon zaure a tsakiya da ƙananan hanyoyi a gefe, waɗanda jerin ginshiƙai suka raba. Tsawonsa kimanin mita 23 da rabi ne, faɗinsa mita 18 da rabi. Ginshiƙan na farin dutsen mabul ne, ban da guda ɗaya baƙi, kuma suna ɗauke da bakuna masu tsini a sama, irin waɗanda ake gani a masallatan Alƙahira. Rufin na katako ne da aka lanƙwasa kamar cikin kwalekwalen da aka kifa, abin da Ƙibɗawa ke fassarawa da jirgin Annabi Nuhu. Rufin katako ya kuma dace da ginin da ke zaune a kan gungumen dabino, domin ƙubbar dutse za ta yi masa nauyi.

A tsakiyar zauren akwai mumbarin mabul na ƙarni na 11, wanda ke tsaye a kan siraran ginshiƙai fiye da goma. Ana ɗaukarsu a matsayin wakilan Almasihu da almajiransa, ana kuma danganta mai duhun launi a cikinsu da Yahuza, almajirin da ya ci amana.

4.3 Haikali da Shingen Katako

A gabas, inda masu ibada ke fuskanta, akwai ɗakuna uku masu bagadi, waɗanda ake kira haikali. Na tsakiya na Maryamu ne, na kudu na Yahaya Mai Baftisma, na arewa kuma na Mari Jirjis. Wani shingen katako ya raba su da jama'a. Shingen tsakiya, na ƙarni na 12 zuwa na 13, an yi shi da baƙin katako dangin kanya, aka cusa masa hauren giwa a cikin zanen taurari da kusurwoyi masu sarƙe da juna. A samansa an jera alluna bakwai masu zanen Almasihu a tsakiya, da Maryamu da mala'iku da manzanni a gefunansa.

A nan ne zumuncin fasahar ya fi bayyana. Dabarar haɗa ƙananan katakai masu kusurwa su ba da siffar tauraro ita ce dai aka yi amfani da ita a mumbarin da Sarki Lajin ya sa aka yi wa masallacin Ibnu Ɗulun a 1296. Abin da ya bambanta shingen cocin shi ne gicciyen da aka saka a tsakiyar zanen. Ƙaddarar ayyukan biyu ma ta zo ɗaya: wasu allunan mumbarin Lajin suna gidan tarihi na Victoria and Albert a Landan, yayin da alluna goma na katakon al'ul daga wata ƙofar Al-Mu'allaƙa, na wajen shekarar 1300, suke Gidan Tarihin Birtaniya a birnin guda.

4.4 Zane-zane da Ƙaramin Coci

Cocin yana da allunan zanen tsarkaka kimanin 110, mafi yawansu na ƙarni na 18, ciki har da aikin Yuhanna Al-Armani, mai zane ɗan asalin Armeniya da ya zauna a Alƙahira. Ta kudu maso gabas akwai ƙofa zuwa wani sashe da aka gina a kan ɗaya daga cikin hasumiyoyin Rumawa, wanda ake ɗauka shi ne mafi tsufa a ginin. A ciki akwai wurin baftisma da haikalin Takla Haimanot, waliyyin Habasha na ƙarni na 13. Wannan ya tuna da daɗaɗɗiyar alaƙar ƙasashen biyu, domin har zuwa 1959 cocin Habasha yana ƙarƙashin Batrik na Masar.

5.0 Barazana da Gyara

Unguwar tana cikin sassan Alƙahira mai tarihi da hukumar UNESCO ta sa a jerin kayan gadon duniya a 1979. Babbar matsalar cocin daga ƙasa ta fito. Ruwan ƙarƙashin ƙasa ya taso ya cika ƙofar Rumawa, gishirinsa yana cin duwatsun da ginin ya dogara a kansu. Girgizar ƙasa ta watan Oktoba na 1992 ta ƙara tsattsaga bangaye. An ɗauki kimanin shekara 16 ana janye ruwan, ana ƙarfafa tushe, ana wanke zane-zane, kafin a yi bikin kammala aikin a watan Oktoba na 2014. Har yanzu ana gudanar da ibada a cikinsa da harsunan Ƙibɗanci da Larabci.

6.0 Kammalawa

An ga cewa tushen Al-Mu'allaƙa na Rumawa ne, mumbarinsa na zamanin Faɗimiyyawa, shingensa na ƙarni na 12 zuwa na 13, zane-zanensa na zamanin Usmaniyya, fuskarsa kuma ta ƙarni na 19. Kowane sashe ya zo daidai da wani hali da Ƙibɗawa suka shiga, na sauƙi ko na tsanani. Mai nazarin gine-ginen Musulunci na Alƙahira da ya tsallake majami'un birnin zai rasa wani ɓangare na tarihin sassaƙar da yake nazari, haka ma mai nazarin cocin da bai leƙa masallatan ba.