AWARA IRIN TA JAPAN: A KULA DA MIRIN



Awarar nan da muke ci, Japanawa ma suna yinta. Sukan yanka ta fale-fale, su soya sau biyu ta kumbura kamar 'yar jaka, su dafa da sukari da shoyu, wato ruwan waken suya mai gishiri, sannan su cusa mata shinkafa mai khal. Sunanta inari sushi.

Amma fa galibi suna zuba mirin, giyar shinkafa mai barasa kusan kashi 14 cikin 100. In za ku haɗa a gida, ku bar mirin, zuma ta wadatar. Ku kwara wa soyayyar awarar tafasasshen ruwa, maiƙo ya ragu. Mai hawan jini ko ciwon suga ya ci kaɗan.

Allah Ya ƙara mana lafiya. A tura wa wasu.