Daudu Galadanci, Alƙalin da Ya Kai Kotu Cikin Gidajen Jama'a

Duk dattijon da ya kalli talabijin a tsohuwar Jihar Kano ya san Kuliya, alƙalin wasan kwaikwayo. Amma a tambayi matashi a Gumel ko Maigatari wane ne Daudu Galadanci, da wuya ya amsa. Sunan wasa ya rufe sunan yanka, ga shi sunan wasan ma yana neman ɓacewa.

Talabijin ta iso Arewa a 1962, da buɗe tashar Kaduna a zamanin Sardauna. A 1977 aka haɗa tashoshin ƙasa ƙarƙashin NTA, sannan gwamnatin Abubakar Rimi ta kafa CTV a Kano. Masarautar Gumel tana cikin Jihar Kano har 1991, don haka tashoshin Kano su ne nata. Akwatin talabijin ya yi ƙaranci, gidan da ya mallaka kuwa unguwa ce ke taruwa a cikinsa.

Marigayi Alhaji Daudu ya goge ne a ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Maitama Sule, kafin shirin Kuliya Manta Sabo ya ɗora shi bisa buzun alƙali. Mai ƙara ya faɗi, wanda ake ƙara ya amsa, a kira shaidu, in ta kama a yi rantsuwa. Rabon gado, saki, bashi, iyakar gona, duk an baje su a gabansa. Ba ya gaggawa. Da tambaya ɗaya cikin sanyin murya yakan warware ƙaryar da aka daɗe ana ƙullawa.

Wannan ba nishaɗi kaɗai ba ne. A lokacin ba a jima da karɓe kotunan alƙalai daga hannun En'e ba, talaka kuma yana tsoron ƙofar kotu. A shirin ne mata da manoma da dama suka ga cewa ana iya tsayawa gaban alƙali a nemi haƙƙi, kuma sanayya ba ta sayen hukunci.

Da finafinan bidiyo suka kunno kai da Turmin Danya a 1990, irinsu ne suka zama iyayen masana'antar, shi ma ya fito a matsayin uba da dattijo.

Kaset ba ya jure zafi da ƙura. Muna kira ga NTA Kano da ARTV (tsohuwar CTV) da Jami'ar Bayero su tattara abin da ya rage na shirin, su adana shi a na'ura mai ƙwaƙwalwa, su kuma ɗauki bayanan abokan aikinsa tun suna raye.