Alƙali da Ɗan Sanda Ma Suna Komawa Aji

Mu malaman makaranta mun san duk wanda ya bar karatu ranar da ya karɓi takardar shaida, bayan 'yan shekaru tsohon zance zai riƙa koya wa yara. Haka abin yake ga lauya da alƙali da ɗan sanda, sai dai su kuskurensu ya fi namu tsada, domin yana iya kwanar da mutum a bayan kanta.

Dokokin Gana ba a tsaye suke ba. Tsarin mulki na 1992, a sashe na 14, ya ce wanda aka kama dole a gaya masa dalili cikin harshen da yake ji, kuma a kai shi kotu cikin awa 48 in ba a sake shi ba. Amma an daɗe ana kama mutum ranar Juma'a a ce sai Litinin. A 2019, a ƙarar da lauya Martin Kpebu ya kai, Kotun Ƙoli ta ce awa 48 ɗin har da Asabar da Lahadi da ranakun hutu. Kafin nan, a 2016, kotun ta soke sashen dokar da ya hana ba da beli a wasu laifuffuka. To, ɗan sandan da ya fito daga horo shekara ashirin da suka wuce, wa zai sanar da shi?

Nan ne aikin ƙaro ilimi ya shigo. Ma'aikatar shari'a tana da cibiyarta ta horar da alƙalai, ƙungiyar lauyoyi ta ƙasa kuma tana shirya wa 'ya'yanta laccoci. Sai kuma ƙungiyoyi masu zaman kansu, waɗanda ba riba suke nema ba. Bayan kafa sashen 'yan sanda na mata da yara a 1998, wanda yanzu ake kira DOVVSU, da fitowar dokar hana cin zarafi a cikin gida ta 2007, ƙungiyoyi irin su WiLDAF da Ark Foundation sun yi ta tara jami'ai suna koya musu yadda ake karɓar ƙarar matar da aka doka ba tare da an ce mata ta koma gida ta yi haƙuri ba. Legal Resources Centre kuwa a Nima da Mamobi ta yi suna, wato a cikin zangonmu.

Sai dai akwai darasin da mu ne ya kamata mu kai musu. Dokar auren Musulmi, wadda ta samo asali tun 1907, ta ce a yi rajistar aure cikin mako guda. Yawancinmu ana ɗaura aure a masallaci, a raba goro, a watse. In rigima ta kai kotu, sai a ɗauki auren a matsayin na gargajiya. Dokar gado ta 1985 kuma tana aiki kan wanda ya rasu bai bar wasiyya ba, ko Musulmi ne, kuma rabonta ba irin na malamai ba ne. Alƙalin da bai san sadaki da idda ba, da lauyan da bai taɓa shiga zango ba, yaya za su fahimci bazawara da marayunta? Ga kuma maganar tafinta. Sashe na 19 ya ba wanda ake tuhuma tafinta kyauta, amma tsoffinmu da yawa suna gyaɗa kai ne kawai a gaban alƙali saboda kunya.

Don haka muna kira ga sarakunan zango da limamai da ƙungiyoyin matasa: in an ji ana shirya irin wannan bita a Kumasi ko Tamale, a nemi kujera, a tura malami da uwargida mai ilimi su yi bayani. Lauyoyinmu 'yan zango su ma su shiga cikin masu koyarwa. Limamai kuma su riƙa tunatar da ango batun rajista tun kafin a shafa fatiha.