Zaɓen Almakashin Askin Itatuwan Lambu

Duk wanda ya bi hanyar Birnin Kudu zuwa Gwaram ya san ƙasar nan ta kudancin Jihar Jigawa Allah ya yi mata baiwar itatuwa. Ruwan sama ya fi sauka a nan bisa ga wajen Gumel da Maigatari, ga kuma fadamu. Saboda haka da wuya ka shiga gidan malamin makaranta ko na akawu ba ka tarar da mangwaro ko gwaiba ko lemon tsami a bayan ɗaki ba. Tun zamanin En'e, sa'ad da garuruwan nan biyu su ke gundumomi a ƙarƙashin Kano, tun kafin a yanke Jihar Jigawa a 1991, a ke koya wa yara dashen itace a lambun makaranta. Dashe kam mun iya shi. Abin da har yanzu ya ke ba mu wuya shi ne aski, watau rage wa itace rassan da ba su da amfani.

Ga yadda abin ya kan faru. Mutum ya sayi mangwaron aure da kuɗinsa, ya yi masa shinge saboda awaki, ya yi shekara uku ko huɗu yana ɗawainiyar ban ruwa da rani. Ran da ya ga rassa sun yi yawa sai ya kira yaro ya ba shi adda. Yaro ya kai sara uku huɗu, reshe ya tsage, ya faɗo ya ja ɓawo ya saɓule shi har gindi. Mai gida kuwa ya ce an yi aiki.

To, itace ba ya warkewa kamar yadda jikin mutum ya ke warkewa. Abin da ya ke yi shi ne ya tsiro da sabon ɓawo daga gefen rauni, ya yi ta rufe shi sannu a hankali har bakin ya haɗu. In yankan ƙarami ne mai santsi, sai ya rufe da wuri. In kuwa sara ne mai tsage-tsage, ruwa ya kan kwanta a ciki, ruɓa ta shiga, ƙwarin da ke huda itace su sami ƙofa, gara ta biyo baya. Sai bayan shekara ɗaya ko biyu a ga reshe yana bushewa daga sama, a ce itacen ne ba shi da kyau. Adda da gatari da barandami kayan sassabe ne da faskare, suna da ranarsu. Askin itacen da a ke so ya ba da 'ya'ya kuwa aikin almakashin lambu ne.

Wannan almakashi ba irin na tela ba ne, ba kuma dogon nan da a ke daidaita shingen furanni da shi a ofisoshi ba. Gajere ne, da hannu ɗaya a ke riƙe shi, yana da baki gajere mai kauri, da sifirin a tsakanin maƙamai biyu wanda ke buɗe shi bayan kowane yanka. A Faransa aka fara ƙera shi wajen 1815, a kan kuma jingina ƙirƙirarsa ga wani Bertrand de Molleville, wanda ya taɓa riƙe ministan jiragen ruwa na Sarki Luwi na 16. Manoman inabi na can ma ba su karɓe shi nan da nan ba. Sun daɗe suna riƙe da lanƙwasasshiyar wuƙarsu, suna cewa sabon abin nan yana murƙushe reshe. Ba kuwa ƙarya su ka yi ba game da na farko-farkon, kuma wannan ƙorafi nasu shi ne ainihin abin da mai saye zai duba har yau.

Iri biyu ne manya. Na ɗaya shi ne mai saɓani: bakinsa na sama kaifi ne, na ƙasa ƙugiya ce mai riƙe reshe, kaifin ya kan wuce ta gefen ƙugiyar kamar yadda bakin almakashin tela ke saɓawa. Na biyu shi ne mai uwar maƙera: kaifi ɗaya ne miƙaƙƙe, ya kan sauko ya dira a kan wani faffaɗan ƙarfe mai taushi, kamar mahauci yana sara a kan katako. Wani Bajamushe mai suna Walther Schröder ne ya fito da wannan iri a birnin Kil a 1923. Mai uwar maƙera ya fi ƙarfi, bai kuma cika wahalar da hannu ba, don haka ya fi dacewa da busasshen reshe. Amma a ɗanyen reshe ya kan matse ɓawo ta ƙasa kafin ya yanke, ya bar tabo. Ni a ganina, malamin da ke da itatuwa biyar ko goma a gida, kuma almakashi ɗaya kaɗai zai iya saya, to ya sayi mai saɓani, domin galibin aikinsa a ɗanyen reshe ne: tohon gwaiba, da tsiron lemo, da kan ɗan mangwaro, da lalle, da zogale.

In ka je saye, ko a Kano ne ko a Dutse ko a wurin masu kayan gona na kasuwarku, kada ka yarda a miƙo maka shi a ƙunshe ka biya ka tafi. Tafi da ɗanyen reshe mai kaurin fensir a aljihunka. Ka fara ɗaga almakashin sama wajen haske a rufe, ka duba tsakanin kaifi da ƙugiya. In haske yana ratsawa, ajiye shi, gama reshe zai riƙa shiga wannan tsagi yana tauna. Sa'an nan ka kama maƙaman biyu ka girgiza su gefe da gefe. In suna lilo, ka duba abin da ya haɗa su. Wanda aka haɗa da noti mai ɗauruwa yana da magani, sai a ƙara ɗaure shi. Wanda aka haɗa da ƙusa aka doke kanta, ran da ya saki ya gama aiki. Bayan haka ka yanka reshen da ka zo da shi, ka dubi bakin yankan. In ya fita sumul, ɓawo bai tattare ba, madalla.

Akwai maganar hannu, wadda mutane ba su cika kula da ita ba. Ana yin almakashin nan manya da ƙanana. In ya buɗe har yatsunka ba su iya kai wa ga maƙamin ƙasa sai ka sa hannu biyu, ya yi maka girma, kuma kafin ka gama itace ɗaya hannunka ya yi tsami. Shugaban makarantar da zai saya don lambun yara ya tuna da wannan. Bahago kuma ya nemi wanda aka ƙera don hannun hagu, akwai shi, ko da ya ke ba ko'ina a ke samunsa ba.

Game da ƙarfe, mai ƙyalli wanda ba ya tsatsa ya fi daɗin ido, amma baƙin ƙarfe mai tauri ya fi riƙe kaifi, ya kuma fi sauƙin wasawa, sai dai yana bukatar shafa mai. Abin da ya fi duka shi ne a sami wanda a ke iya kwance shi a sake masa baki ko sifirin. Kamfanin Felco na ƙasar Suwizalan ya yi suna ne a kan wannan: samfurinsa mai lamba 2, wanda ya fito a 1948, har yanzu ana yin sa, kuma kowane ɓangare nasa ana sayar da shi dabam. Yana da tsada ƙwarai, kuma ana buga sunaye irin wannan a jikin na jabu, saboda haka suna kaɗai ba shaida ba ne. Ba na ce kowa ya nemi wannan ba. Matsakaicin almakashi mai noti da ya ci jarrabawar reshen nan ya isa gida. Na roba mai arha ne dai na ke gargaɗi a kansa, araha ba ta ado.

Yanzu sai iyakarsa, domin nan ne a ke kashe almakashi mai kyau. Ba a sa shi a reshen da ya fi babban yatsa kauri, watau kamar inci ɗaya ko santimita 2 da rabi, a busasshe ma ƙasa da haka. In ka ji sai ka murɗa shi ko ka sa hannu biyu, to reshen ya fi ƙarfinsa, murɗawar nan kuwa ita ke buɗe bakinsa har abada. Abin da ya wuce haka aikin zarto ne. Da zarto ma a fara ɗan yanka reshen ta ƙasa, sa'an nan a yanke shi ta sama gaba kaɗan da wurin, don kada nauyinsa ya ja ɓawo, daga baya a cire guntun da ya rage. Kada a bar kututture, kada kuma a aske har jikin gindi. Akwai ɗan kumburi a wurin da reshe ya fita daga uwarsa, daga nan sabon ɓawo ke fitowa, sai a yanka dab da shi a bar shi.

A ƙananan rassa kuma, a juya almakashin yadda kaifin zai kasance wajen ɓangaren da zai zauna a jikin itace, ƙugiyar tana wajen wanda za a yar. A yanka a karkace, kaɗan bisa idon da ke duban waje, don sabon toho ya fita waje, iska da rana su shiga tsakiya.

Aikin da almakashin zai fi biyan kuɗinsa shi ne a kan itacen aure. Duk tsiron da ya fito ƙasa da wurin da aka yi auren, na uwar gindi ne, ba na irin da ka saya ba ne. In an bar shi zai fi ƙarfin na sama ya shanye shi, mutum ya wayi gari da mangwaro mai zare ko lemo mai ɗaci. A cire shi tun yana ƙarami. Ɗan mangwaro kuma in ya kai kamar mita 1 a datse kansa, a zaɓi rassa uku ko huɗu a bari, sai ya buɗe ya yi gajere, a iya tsinkarsa ba da jifa ba. Babban mangwaro a kan yi masa aski da zarar an gama cin 'ya'yansa, a ranar da babu ruwa, ba lokacin hunturu da ya ke shirin huda ba. Gwaiba tana son aski, gama a sabon toho ta ke 'ya'ya. Lemo kuwa ba ya son a yawaita masa, busasshe da mai cuta da tsiron gindi kaɗai za a cire, kuma kada a tone masa jiki a tsakiyar bazara, rana ta kan ƙona ɓawon.

Almakashi ya kan ɗauki cuta daga wannan itace ya kai wa wancan, balle a unguwar da guda ɗaya ke yawo gida-gida aro. In an yanke reshe mai cuta, a goge bakin da sifirit na asibiti kafin a taɓa wani. In babu, a tsoma shi a ruwan bilic, kashi ɗaya cikin kashi tara na ruwa, amma a ɗauraye a tsane nan da nan, domin bilic yana cin ƙarfe. Ƙaron mangwaro da ya daskare a baki kananzir ke fitar da shi. In an tashi wasawa, gefen da ke da gangare kaɗai a ke gogawa a dutse. Gefen da ya ke a shafe, wanda ke manne da ƙugiya, ba a taɓa shi, kuma wannan sai ka faɗa wa mai washin wuƙa da bakinka kafin ka miƙa masa, domin shi ya saba wasa baki biyu.